Ƙuri'arka da Lissafin Jihohi: Yadda Ake Zaɓen Shugaban Ƙasa

Gabatarwa

Jama'a, duk sa'ad da zaɓen shugaban ƙasa ya gabato, akan ji wata magana tana yawo a majalisun hira, daga Jekadafari zuwa Bolari har Pantami: wai jiha kaza ta ɗan takara kaza ce, saboda haka fita zaɓe wahalar banza ce ga wanda ba shi yake so ba. Wasu kuma sun ji a rediyo cewa a Amurka wakilai ne ke zaɓen shugaba, sai suka zaci haka abin yake ko'ina. Rashin sani ya fi dare duhu. Manufar wannan takarda ita ce ta bayyana yadda ake lissafin jihohi da babban birnin tarayya a Amurka da Nijeriya, domin kowane mutumin Gombe ya san inda ƙuri'arsa take zuwa bayan ya dangwala ta.

Tsarin Amurka

Tun 1787, da aka rubuta kundin tsarin mulkin Amurka, aka shirya cewa wakilan zaɓe ne za su zaɓi shugaban ƙasa. Kowace jiha tana da wakilai daidai da yawan kujerunta a majalisun tarayya biyu. Sanatoci bibbiyu ne ga kowace jiha, babba ko ƙarama, wato 100 ga jihohi 50. Majalisar wakilai kuwa kujeru 435 ne, ana raba su gwargwadon yawan jama'a, a kuma sake rabon bayan ƙidayar da ake yi duk shekara goma. Shi ya sa a zaɓen 2024 Kalifoniya take da wakilan zaɓe 54, Teksas 40, Fulorida 30, alhali Wyoming ba ta da fiye da 3.

Babban birninsu, Washinton, ba jiha ba ne, kuma mazaunansa sun daɗe ba su da ta cewa a zaɓen shugaba. Sai a 1961 aka yi wa kundin gyara na 23, aka ba birnin wakilai, bisa sharaɗin kada su fi na jihar da ta fi kowace ƙarancin jama'a. Ya sami 3, ya fara zaɓe a 1964. Idan aka tara 435 da 100 da 3, an sami 538. Wanda ya sami 270 shi ne shugaban ƙasa.

Sai a lura da wannan: in ban da Maine da Nebraska, duk wanda ya zo na ɗaya a jiha shi ke kwashe wakilanta baki ɗaya, ko da tazarar ba ta taka kara ta karya ba. A 2000, ƙuri'u 537 kacal a Fulorida suka ba George Bush nasara a kan Al Gore. A 2016 Hillary Clinton ta ɗara Donald Trump da ƙuri'un jama'a kusan miliyan uku, amma Trump ya sami wakilai 304, ita 227, ya hau mulki.

Tsarin Nijeriya

A nan gida babu wakili tsakaninka da wanda kake zaɓa. Kundin tsarin mulki na 1999 ya ɗauki ƙasar baki ɗaya a matsayin mazaɓa guda a zaɓen shugaban ƙasa. Ana ƙirga ƙuri'u a rumfar zaɓe a gaban jama'a, a tattara a mazaɓa, a kai ƙaramar hukuma, a kai jiha, daga nan sai Abuja, inda shugaban Hukumar Zaɓe, INEC, yake bayyana sakamako.

Amma yawan ƙuri'a kaɗai ba ya isa. Sashe na 134 ya gindaya sharuɗɗa biyu idan 'yan takara sun fi biyu. Na farko, ɗan takara ya fi kowa yawan ƙuri'u. Na biyu, ya sami aƙalla rubu'in ƙuri'un da aka kaɗa, wato kashi 25 cikin 100, a kowace ɗaya daga cikin kashi biyu bisa uku na jihohin ƙasar da Babban Birnin Tarayya, Abuja. In babu wanda ya cika sharuɗɗan biyu, sai a je zagaye na biyu tsakanin mutum biyu: wanda ya fi kowa ƙuri'u, da wanda ya fi sauran cin jihohi. Har yau ba a taɓa kaiwa ga wannan zagaye ba.

Me ya kawo sharaɗi na biyu? A Jamhuriya ta Farko kowace babbar jam'iyya tana da yankin da ta kafa sansani: NPC a Arewa, NCNC a Gabas, AG a Yamma. Kowa ya san abin da ya biyo baya, juyin mulkin 1966 da yaƙin basasa na 1967 zuwa 1970. Da Janar Murtala Muhammad ya kafa kwamitin rubuta sabon kundi a 1975, ƙarƙashin Cif Rotimi Williams, babban abin da aka so kauce wa shi ne a sami shugaban da yanki ɗaya kawai ya zaɓa. Hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka. Wanda ke son mulkin ƙasar nan dole ya je neman goyon baya har inda ba a jin harshensa.

Shari'ar sha biyu da sulusi biyu

Tun a gwajin farko wannan doka ta kai mutane kotu. A zaɓen 11 ga Agusta, 1979, jihohi 19 ne a ƙasar, Gombe kuwa tana cikin jihar Bauchi. Alhaji Shehu Shagari na NPN ya sami ƙuri'u kusan miliyan 5.7, Cif Obafemi Awolowo na UPN ya sami miliyan 4.9. Shagari ya sami rubu'i a jihohi 12. A ta goma sha uku, wato Kano, inda Malam Aminu Kano na PRP ya yi rinjaye, saura kaɗan Shagari ya kai kashi 20 cikin 100.

To, nawa ne kashi biyu bisa uku na 19? Awolowo ya ce jiha ba ta gutsuruwa, saboda haka 13 ne, kuma Shagari bai cika ba. Dokar wancan lokaci ta tanadi cewa in aka rasa mai nasara, 'yan majalisun tarayya da na jihohi ne za su taru su zaɓa, kuma nan Awolowo yake son a kai maganar. Lauyan Shagari, Cif Richard Akinjide, ya ce amsar ita ce 12 da sulusi biyu, don haka abin da ake nema a Kano shi ne rubu'in sulusi biyu na ƙuri'unta, wato sudusi, ƙasa da kashi 17 cikin 100. Ranar 26 ga Satumba Kotun Ƙoli, ƙarƙashin Babban Joji Atanda Fatai-Williams, ta tabbatar da zaɓen, Mai Shari'a Kayode Eso ya saɓa wa 'yan'uwansa. Aka rantsar da Shagari ranar 1 ga Oktoba.

Matsayin Abuja

Yanzu jihohi 36 ne, lissafinsu kuma ya fita ba gutsure, amma sai Abuja ta zama abin jayayya. A zaɓen 25 ga Fabrairu, 2023, Bola Tinubu na APC ya sami ƙuri'u kusan miliyan 8.8, Atiku Abubakar na PDP kusan miliyan 7, Peter Obi na LP miliyan 6.1. Tinubu ya sami rubu'i a jihohi fiye da 25, amma bai kai rubu'i a Abuja ba, inda Obi ya yi rinjaye. Masu ƙara suka ce kundi ya ambaci Abuja daban, saboda haka dole a sami rubu'i a can. Kotun sauraron ƙararrakin zaɓen shugaban ƙasa ta ƙi wannan fassara ranar 6 ga Satumba, Kotun Ƙoli kuma ta tabbatar ranar 26 ga Oktoba, 2023. Hujjar kotunan ita ce sashe na 299 ya ce a ɗauki Abuja kamar ɗaya daga cikin jihohi, kuma ƙuri'ar mazaunin Abuja ba ta fi ta mazaunin Nafada ko Billiri daraja ba.

Ina Gombe a wannan lissafi?

An ƙirƙiro jihar Gombe ranar 1 ga Oktoba, 1996. Tana da ƙananan hukumomi 11, sanatoci 3, da kujeru 6 a majalisar wakilai: Akko, Balanga da Billiri, Dukku da Nafada, Gombe da Kwami da Funakaye, Kaltungo da Shongom, sai Yamaltu/Deba. Da tsarin Amurka muke bi, da Gombe wakilai 9 gare ta, Kano 27, Legas 27, Abuja mai sanata ɗaya da 'yan majalisa biyu 3. Jimilla 469, wato sanatoci 109 da 'yan majalisar wakilai 360.

Duba zaɓen 2023 a Gombe. Atiku ya zo na ɗaya da ƙuri'u fiye da dubu 300, Tinubu ya sami kusan dubu 147. Da a Amurka ne, da Atiku ya kwashe wakilai 9 ɗin nan, ƙuri'un Tinubu kuma su tashi a tutar babu. A tsarinmu kuwa kowannensu ya tafi da rabonsa. Ƙuri'un Atiku sun shiga jimillarsa ta ƙasa, na Tinubu ma haka, kuma da yake sun haura rubu'i, Gombe ta shiga jerin jihohin da suka cika masa sharaɗi na biyu, ko da yake bai ci jihar ba. Ashe ƙuri'a guda aiki biyu take yi: tana ƙara jimillar ƙasa, tana kuma taimaka wa ɗan takara ya kai rubu'i a jiha, ko ta hana abokin hamayyarsa kaiwa. A wajen sharaɗi na biyu kuwa, Gombe ɗaya ce, Kano ma ɗaya ce, duk da bambancin yawan jama'arsu.

Haka dokar take a zaɓen gwamna. Sashe na 179 ya ce sai ɗan takara ya fi kowa ƙuri'u, ya kuma sami rubu'i a kashi biyu bisa uku na ƙananan hukumomin jiha. A Gombe, kashi biyu bisa uku na 11 ya haura 7, bai kai 8 ba. Wanda ya tara ƙuri'u a cikin garin Gombe da Akko, ya manta da Kaltungo da Shongom da Balanga da Billiri, yana iya samun kansa a zagaye na biyu.

Abin da ake so mai karatu ya riƙe

Na ɗaya, ka yi rajista, ka karɓi katinka na zaɓe da kanka, ka san rumfarka tun kafin ranar. Na biyu, ka dangwala a gurbi ɗaya kawai, domin ƙuri'ar da ta lalace ba ta amfanar kowa. Na uku, doka ta ba ka damar tsayawa cikin natsuwa a ƙirga a gabanka, a kuma manna sakamakon a rumfar. Na huɗu, idan ana karanta sakamakon jihohi a rediyo, kada ka tsaya ga tambayar wa ya ci jiha kaza. Ka ɗauki alƙalami, ka raba ƙuri'un jihar gida huɗu, ka duba su wa suka haye, ka riƙa ƙirga wa kowane ɗan takara jihohinsa. Na biyar, wanda bai gamsu da sakamako ba, hanyarsa kotu ce, kamar yadda aka yi a 1979 da 2023, ba titi ba.

Wanda ya karanta wannan takarda, ya daure ya karanta wa wanda bai iya ba, musamman iyaye mata da dattawa. Allah ya ba mu shugabanni nagari, ya zaunar da ƙasarmu lafiya, amin.