Darasi: Bashin karatu da nauyin mai tsayawa

Ƴan'uwa manoma na Bengu da kewaye, Hausawa sun ce bashi hanji ne, yana cikin kowa. Karatunmu na yau a kan bashin karatu ne, wato kuɗin da ake ranta wa ɗalibi, ya biya bayan ya samu aiki.

Abin da ya faru a Nijeriya

A shekarar 1972 gwamnatin Nijeriya ta kafa hukumar ba ɗalibai rance. Da yawa sun karɓa, sun gama karatu, ba su biya ba. Asusu ya ƙare, na baya suka rasa. A 1993 aka yi dokar kafa bankin ilimi, shi ma bai yi nisa ba.

A 2023 aka yi sabuwar doka. Ta ce sai ɗalibi ya kawo mutum biyu masu tsaya masa. Jama'a suka koka, don talaka ba ya samun mai tsayawa da sauƙi. A watan Afrilu na 2024 aka sake doka, aka cire wannan sharaɗi. Asusun, mai suna NELFUND, na ƴan Nijeriya ne. Ba ya ɗora kuɗin ruwa. Ba ya bin ɗalibi sai shekara 2 bayan hidimar ƙasa. Idan ɗalibi ya rasu, ana iya yafe bashin.

Yaya abin yake a Nijar?

Wani uba yakan je banki ko asusun ajiya ya ci bashi don karatun ɗansa a Yamai. Banki yakan nemi mai tsayawa. To, a kula: in mai bashi ya kasa biya, mai tsayawa za a bi. Nan ne rigima take tashi, har ta kai gaban alƙali.

Nijar da Benin suna bin dokokin kasuwanci na ƙungiyar OHADA, wadda aka kafa a 1993. Ga abin da suka tanada:

1. Tsayawa ba ta yiwuwa da baki kawai, sai a rubuce.
2. A rubuta iyakar kuɗin da lambobi da kuma haruffa.
3. Wanda bai iya rubutu ba, dole ya zo da shaidu 2. Su ne za su tabbatar an bayyana masa nauyin da ya ɗauka.
4. Idan alƙali ya ba da umurnin biya, mai bashi yana da ikon ƙalubalanta, amma kwanakin kaɗan ne.

Saboda haka, in takardar shari'a ta iso, kada ka ɓoye ta cikin adaka. Ka tafi kotun Gaya da wuri. Ka adana rasit na duk abin da ka biya. Kada ka dangwala yatsa a takardar da ba a karanta maka ba. Wanda ya iya karatu, shi da kansa zai duba adadin kuɗin kafin ya sa hannu.

Tambayoyi

1. Me ya sa asusun 1972 ya ƙare?
2. Shaidu nawa wanda bai iya rubutu ba zai kawo?
3. Me za ka yi in takardar alƙali ta iso gidanka?