Yadda Likita Ke Ɗinke Rauni

Kowa ya san aikin maɗinki da na baduku. In riga ta yage a kai wa maɗinki, in taiki ya ɓarke a kai wa baduku. To, fatar ɗan Adam ma ana ɗinke ta, amma da bambanci. Riga, zare ke riƙe ta har ta tsufa. Fatar mutum kuwa zare ba ya warkar da ita. Iyakar aikinsa ya haɗa wannan baki da wancan, ya riƙe su 'yan kwanaki, har naman ya kama da kansa bisa ikon Allah.

Ga misali. Manomi yana yankan shinkafa a fadama, lauje ya kuɓuce ya tsaga masa ƙwauri, rauni ya buɗe baki. Abin da ya kamata 'yan'uwansa su yi shi ne su danne wurin da tsumma mai tsabta, su ɗaga ƙafar, su kai shi asibiti nan da nan. Kada a zuba toka, ko ƙasa, ko kashin shanu, gama ƙwayar cutar sarƙe haƙora cikin ƙasa da kashin dabbobi take zaune. Kada kuma a ce bari a ga gobe. Likitoci sun fi son ɗinke rauni kafin ya wuce sa'a shida ko takwas. In ya kwana, sau da yawa sai a bar shi buɗe ana wankewa, ya daɗe bai warke ba, ya bar babban tabo.

Da an kai shi, likita ba ya fara ɗaukar zare. Sai ya wanke hannu, ya sa safar hannu, ya yi allurar da ke kashe zafin wurin. Sa'an nan ya wanke raunin da ruwa mai yawa, ya tsince yashi da ƙaiƙayi, ya datse naman da ya mutu, ya duba ko jijiya ta yanke. Masu kawo majiyyaci sukan ƙosa a nan, suna cewa a ɗinke mana. Alhali wankin nan ya fi ɗinkin kansa muhimmanci, don wanda ya ɗinke rauni da datti ciki ya kulle ɓarawo cikin ɗaki.

Kayan aikin ba su da yawa: allura, da zare, da hantsaki biyu, da almakashi, duka an kashe ƙwayoyin cutar da ke jikinsu. Allurar lanƙwasasshiya ce kamar jinjirin wata, ba ta da kafa, zaren a manne yake da gindinta tun daga masana'anta. Da hantsaki guda likita ke riƙe allura, da ɗayan yana ɗaga bakin fata. Sai ya soka allura a tsaye, kamar rabin santimita daga bakin raunin, ya juya hannu ta bi lanƙwasarta ta ƙasa, ta ɓullo a ɗaya gefen, nisa ɗaya, zurfi ɗaya. Ya ƙulla sau uku ko huɗu, ya kwantar da ƙullin a gefe, ya yanke zare, ya matsa gaba ya sake wani. Wannan shi ne ɗinki ɗai ɗai. Amfaninsa, in guda ya tsinke sauran suna nan, in kuma mugunya ta taru a kwance ɗaya ko biyu ta fita. Akwai ɗinkin jere irin na maɗinki, da zare guda daga farko har ƙarshe. Ya fi sauri, amma in ya tsinke wuri guda duka ya saki.

Gwaninta tana wajen jan zare. In ya yi sako-sako, bakunan ba su haɗu ba. In an tamke ƙwarai, jini ya kasa zuwa, fatar ta yi fari ta mutu, balle ma wurin zai kumbura kashegari.

Zare iri biyu ne. Akwai wanda ba ya narkewa, kamar siliki da nailan, shi ake sa wa fata a cire daga baya. Akwai kuma wanda jiki ke cinyewa, shi ake ɗinke tsoka da hanji da shi, inda hannu ba zai koma ba. Na dā da hanjin tumaki ake murza shi. Abul Ƙasim Azzahrawi, likitan Ƙurɗuba ta ƙasar Andalus, wanda ya rasu wajen 1013, ya yi bayaninsa cikin littafinsa Attasrif. Har ya ba da labarin masu sa manyan tururuwa su ciji bakin rauni, sa'an nan su yanke jikinsu, kawunan su zauna suna riƙe da naman. Duk da haka mutane da yawa sun yi ta mutuwa da ruɓar rauni, sai a 1867 wani likita Bature mai suna Lista, a birnin Gilasgo, ya bayyana yadda ruwan kabolik ke hana ruɓa, daga baya ya riƙa jiƙa zarensa a ciki. Tun daga 1970 aka soma samun zare mai narkewa na ƙirar masana'anta, yanzu ya maye gurbin na hanji a asibitoci da yawa. Kowane zare da lambarsa: 3-0 ya dace da ƙafa, 6-0 kuwa, mai sirantakar gashin kai, na fuska ne.

Ba kowane rauni ake ɗinkewa ba. Cizon kare, da sukan ƙusa, da raunin da ya riga ya yi mugunya, galibi wankewa ake yi a bar su buɗe, a yi wa mutum allurar rigakafi. Ƙaramin yanka kuma filasta ta isa ta haɗa shi.

Manominmu ya koma gida da ɗinki bakwai. An ce masa kada ya shiga fadama, kada ya jiƙa wurin kwana biyun farko, in ya ga ja yana yaɗuwa, ko mugunya, ko ya ji zazzaɓi, ya komo ran nan. Zaren fuska kwana 5 ake cire shi, na kai da hannu kwana 7 zuwa 10, na ƙafa da gaɓa kwana 10 zuwa 14. Ran da ya cika, ma'aikacin asibiti zai ɗaga ƙulli da hantsaki, ya yanke zaren dab da fata, ya zare ta gefen ƙullin, don kada ɓangaren da ya sha ƙura a waje ya ratsa ta cikin nama.