Yadda Oren Peli ya haɗa fim ɗin tsoro a ɗakin barcinsa

Oren Peli bai yi makarantar fim ba. Haifaffen Isra'ila ne, ya koma Amurka yana ɗan shekara 19, sana'arsa rubuta manhajar wasannin kwamfuta. A 2006 ya ɗauki Paranormal Activity cikin kwana bakwai a gidansa da ke San Diyego, da kimanin dala 15,000. Irin fim ɗin nan ne da ake nunawa tamkar kaset aka tsinta bayan masu shi sun halaka, salon da The Blair Witch Project ya yi wa suna a 1999.

Mai wannan aiki yakan fara da neman hujjar riƙe kyamara, don idan babu ita ƙaryar ba za ta ciwu ba. Peli ya sa saurayi ya sayo kyamara domin ya kama aljanin da ke bin budurwarsa tun tana yarinya. Sai wurin ɗauka: ya shafe kusan shekara yana gyaran gidan.

Daga nan 'yan wasa. Dole su zama baƙin fuska, domin da zarar an gane tauraro asiri ya tonu. Ya ɗauki Katie Featherston da Micah Sloat, dala 500 kowanne, ya bar musu sunayensu na gaskiya. Bai rubuta musu abin da za su faɗa ba. Yakan faɗa musu inda zance zai dosa, su ƙarasa da bakinsu, har da in'ina da katse juna. Sloat ne ma ke riƙe da kyamarar a yawancin abin da aka ɗauka da rana.

Gwanintar tana cikin dare. Ana kafe kyamara a kan sanda mai ƙafa uku, gado a dama, buɗaɗɗiyar ƙofa a hagu, agogo na tafiya a ƙasan hoto. Babu kiɗa, sai wani gurnani can ƙasa-ƙasa. Mai kallo ya yi ta zare ido yana laluben duhu, alhali ba abin da ya faru. Can ƙofa ta ɗan motsa, shi ke nan na wannan daren. Wani daren Katie ta tashi ta tsaya a kan saurayinta, agogo na gudu, ita ko gezau. Wani daren kuma sawu ya fito a kan hodar da aka barbaɗa a ƙasa. A haka yake ƙara gishirin kaɗan-kaɗan har dare na 21, kuma aljanin bai taɓa bayyana ba. Nan ne masu kwaikwayonsa da yawa suka faɗi: gaggawar nuna dodo.

Shi ya tace fim ɗin da kansa, ya kai shi bikin fina-finai na Screamfest a 2007. Kamfanin DreamWorks ya so a sake ɗauka da kuɗi mai kauri, amma da aka gwada nuna na asalin, wasu 'yan kallo suka fice don tsoro. Sai aka bar na asalin, aka sauya ƙarshen. Kamfanin Paramount ya fito da shi a 2009, ya fara da garuruwan jami'a, ya ce wanda ke so a kawo garinsu ya nema ta intanet. Ya tara sama da dala miliyan 190.

Fim na biyu da Peli ya ba da umarni, Area 51, bai fito ba sai 2015, kuma bai yi kasuwa ba.