Darasi a kan karɓar bashi: yadda masu jinyar gida a Amurka ke neman kuɗinsu ta kwamfuta



Darasin wannan fitowa a kan karɓar bashi ne, amma daga Amurka za mu ɗauko shi. Can akwai wata sana'a da ake kira jinyar gida. Tsoho ko marar lafiya yana kwance a ɗakinsa, sai kamfani ya riƙa aiko masa da nas ta wanke miki ta duba magani, ko mai gashin ƙashi ya koya masa tafiya, ko mai hidima ta yi masa wanka ta sa masa tufa. Mutanen Afirka ta Yamma da yawa da ke zaune a birnin Niyok da wannan aiki suke ci, har su aiko wa gida. Abin lura ga ɗan kasuwa shi ne, wanda aka yi wa aikin ba shi ke biya ba. Mai biya yana can nesa, bai ga aikin da idonsa ba, ba ya kuwa sakin ko sisi sai an aika masa da takardar neman biya ta kwamfuta, ta dace da sharuɗɗansa harafi da harafi. Kamar ka sauke wa mutum buhu ɗari a Dawanau, a ce kuɗinka na hannun wani akawu a Ikko wanda bai san fuskarka ba, takarda kaɗai ya sani.

To, su wa ke biya? Manyan su biyu ne, Medicare da Medicaid, dukansu asusun inshorar lafiya na gwamnati ne, shugaba Lyndon Johnson ya sa hannu a dokarsu a 1965. Medicare na gwamnatin tarayya ne, na waɗanda suka kai shekara 65 da wasu naƙasassu. Medicaid na talakawa ne, tarayya da jiha ke haɗa kuɗinsa, kowace jiha da nata tsari. Ku riƙe bambancin nan. Medicare ba ta biyan wanka da sa tufa su kaɗai, sai in akwai aikin nas ko na gashin ƙashi tare da su, kuma sai likita ya shaida cewa mutumin fita gida wahala ce babba gare shi. Hidimar yau da kullum ta tsawon shekaru galibi Medicaid ke ɗauka. Sa'an nan ga wata matsala: fiye da rabin masu Medicare yanzu sun miƙa nasu ga kamfanonin inshora masu zaman kansu, a tsarin da ake ce wa Medicare Advantage. Tsoho na iya nuna maka katin gwamnati alhali bashinka na wuyan kamfani, kamfanin kuwa sau da yawa sai an nemi izininsa kafin a fara aiki. Saboda haka mai hankali tun kafin nas ta taka ƙofar gida yake aika tambaya ta kwamfuta, saƙon da ake kira 270, amsa ta dawo masa a 271, ya san wa zai bi. Wanda ya ba da kaya bai tambayi mai lamuni ba, ai mun san labarinsa.

Da can da takarda ake yi, a cika a sa a gidan waya. Dokar HIPAA ta 1996 ce ta ce a yi wa saƙonnin nan mudu ɗaya a ƙasa duka, kada kowane kamfani ya zo da nasa. Daga Oktoba 2003 Medicare ta daina karɓar ta takarda, sai fa daga ƙananan ma'aikatu da aka yi wa rangwame. Sunan saƙon neman biya 837. Iri biyu ne ya shafe mu: 837I na ma'aikatu, shi kamfanin jinyar gida ke aika wa Medicare, da 837P na likitoci da makamantansu, wanda wasu jihohi ke so a yi amfani da shi wajen hidimar Medicaid.

Cikin saƙon kusan kome lamba ne. Kamfani na da lambar NPI mai alƙaluma 10, likitan da ya ba da umarni shi ma da tasa. Majinyaci na da lambar kati mai harafi da alƙalami 11, wadda ta zama tilas daga Janairu 2020. Cuta na da lamba daga littafin ICD-10 da aka koma kansa ran 1 ga Oktoba 2015. Kowace ziyara na da layinta: ranar da aka je, irin aikin, da tsawon zama, ana auna shi minti goma sha biyar-biyar. Cikakkiyar nas G0299, mai gashin ƙashi G0151, mai hidima G0156. In nas ta yi minti 45 sai a rubuta awo 3. Kuskuren harafi ɗaya a sunan majinyaci ko ranar haihuwarsa ya isa a koro saƙon. Na'ura ba ta san "ai shi ne dai" ba.

Fasali a kan wa'adi, nan ne kuɗi ke zubewa

Kafin 2020 Medicare na ba da kafin alƙalami. Da an fara jinya sai kamfani ya nemi rabin kuɗin ko kashi 60 cikin ɗari, saura in an gama. A 2020 aka rage shi zuwa kashi 20, a 2021 aka share shi sam. Watau yanzu kamfani da jarinsa yake biyan ma'aikata da man mota wata guda cur kafin ya sami damar neman kome. Duk wanda ya taɓa ba gidan burodi ko makarantar kwana kaya sai ƙarshen wata ya san nauyin wannan.

Daga 1 ga Janairu 2022 abin da ya maye gurbin wancan shi ne sanarwar karɓar majinyaci, NOA. Ba kuɗi a cikinta, shaida ce kawai cewa wane yana hannunmu daga rana kaza. Amma dole ta isa cikin kwana 5 da fara jinya, har da Asabar da Lahadi a lissafin. In ta makara ana yanke kashi ɗaya cikin 30 na kuɗin watan a kan kowace rana. Ku saurara nan da kyau, don nan mutane ke ruɗewa: tarar ba daga rana ta shida take farawa ba, daga ranar farko ake ƙirga ta. Bari mu yi misali. Kuɗin wata ɗaya na majinyaci a ma'aunin ƙasa ya ɗan haura dala 2,000 a 2024, to mu ɗauka dala 2,100 don saukin rabo, kowace rana dala 70 ke nan. An fara jinya ran 1 ga wata. In sanarwa ta shiga ran 6, ba a taɓa ko dala ɗaya ba. In akawu ya yi sakaci sai ran 11, an yi asarar kwana 10, dala 700, sulusin kuɗin ya tafi. Nas ta yi aikinta daidai, majinyaci ya warke, kuma doka ta hana a juya a nemi cikon a hannunsa. Ni a ganina tarar nan ta yi tsanani, don latti na kwana biyar ya ci kuɗin kwana goma, amma wanda ya shiga kasuwa da mudun kasuwar zai auna.

Shi kuɗin watan ma ba ƙayyadadde ba ne. Daga Janairu 2020 ana yanka jinya kwana 30-30, a sa kowane majinyaci a aji, kamar yadda muke raba masara fara da ja, busasshiya da mai danshi. Ana duba ko daga asibiti ya fito ko daga gida, biyu ke nan. Ko watan farko ne ko na baya, biyu. Irin cutarsa, gida 12. Ƙarfin jikinsa, mataki 3. Sauran cututtukan da ke tare da shi, mataki 3. Ku buga: 2 sau 2 sau 12 sau 3 sau 3, aji 432, kowane da farashinsa. Kowane aji kuma na da mafi ƙarancin ziyara, tsakanin 2 da 6. In ziyara ba ta kai ba, ba a biyan kuɗin wata, sai a biya ziyara ɗai-ɗai, abin da bai kai ko kusa ba. Majinyaci ya ce yau ba ya son baƙi, ziyara ɗaya ta faɗi, sai lissafin wata ya rushe.

In kwana 30 sun cika ma ba a aika neman biya sai abubuwa sun haɗu. Takardar auna majinyaci da ake kira OASIS ta riga ta shiga rumbun gwamnati an karɓe ta, don na'urar biya za ta nemo ta ta gwada da saƙonka. Likita ya sa hannu a tsarin jinya da duk umarnin da ya bayar ta baki. Akwai kuma shaidar cewa likita ko mataimakinsa ya ga majinyacin cikin kwana 90 kafin fara jinya ko kwana 30 bayanta. Bin likita ya sa hannu aiki ne mai zaman kansa, kamfanoni har ma'aikaci suke ɗauka dominsa.

Iyakar wa'adi a Medicare shekara ɗaya ce daga ranar aiki. Ta wuce, bashi ya mutu, ba ɗaukaka ƙara. A Medicaid ya fi gajarta: jihar Niyok kwana 90, Teksas kwana 95.

Fasali a kan dillalin saƙo

Yawancin kamfanoni ba sa aika wa mai biya kai tsaye. Akwai kamfanonin tsakiya, dillalan saƙo, su ke karɓa, su duba, su gyara tsari, su miƙa wa kowane mai inshora ta ƙofarsa, su ci la'adarsu. Amsa kan dawo hawa-hawa. Ta farko 999, ita ce ke cewa ƙunshin ya iso ba a yage ba. Ta biyu 277CA, ita ke faɗin wane saƙo aka karɓa wane aka koro. Ta ƙarshe 835, takardar biya, mai nuna abin da aka biya da abin da aka yanke da dalili. Akawun da ya ga ta farko ya naɗe hannu yana jiran kuɗi, kamar wanda direba ya ce masa mota ta iso ne, bai je ya ƙirga buhu ba.

A nan a bambanta abu biyu. Saƙon da aka koro tun daga ƙofa, kamar ba a taɓa aika shi ba ne: a gyara a sake aikawa, amma wa'adi na tafiya bai tsaya ba. Wanda aka karɓa aka duba aka ce ba za a biya ba, wannan hukunci ne, sake aikawa ba ya amfani, sai ɗaukaka ƙara cikin kwana 120, matakan ƙarar kuwa biyar ne. In saƙo ya shiga da tsabta, Medicare ba ta biya kafin rana ta 14, na takarda kuwa sai ta 29. In ta wuce kwana 30 ba ta biya mai tsabta ba, sai ta ɗora ruwa a kai. Tun 2013 kuma ana zare kashi 2 cikin ɗari daga kowane biya saboda tsuke bakin aljihun gwamnati, in ban da ɗan hutun da aka yi lokacin korona.

Dogara ga dillali ɗaya na da haɗarinsa. Ran 21 ga Fabrairu 2024 'yan kutse suka shiga na'urorin Change Healthcare, ɗaya daga mafi girman dillalan nan, mallakar UnitedHealth. Aka rufe hanya makonni. Asibitoci da likitoci da masu jinyar gida suna aiki, ba halin aika neman biya. Shugaban UnitedHealth na lokacin, Andrew Witty, ya faɗa wa majalisa a watan Mayu na shekarar cewa sun biya fansar dala miliyan 22. Sai da gwamnati da kamfanin suka riƙa ba da rance don a biya albashi. Waɗanda suke da rajista da dillali na biyu su suka fara farfaɗowa.

Saura magana ɗaya, ta shaida. Tun da aiki a cikin ɗaki ake yinsa ba mai gani, an sha kama masu neman kuɗin ziyarar da ba a yi ba. Sai dokar 2016 ta ɗora wa jihohi tilas su sa na'urar tabbatar da ziyara a aikin Medicaid, EVV. Wa'adin hidimar jiki Janairu 2020 ne, aka yi wa yawancin jihohi jinkiri zuwa 2021, na jinyar gida kuwa Janairu 2023. Ma'aikaciya in ta shiga gida sai ta danna a wayar hannu ko ta buga daga wayar gidan, in za ta fita ta sake. Abu shida ake kamawa: irin aikin, wanda aka yi wa, wanda ya yi, rana, wuri, da lokacin farawa da gamawa. A jihohi da yawa in neman biya ya ce awa 4 na'ura ta ce awa 3 da rabi, ba a biya sai sun daidaita. Baiwar Allah ta yi wa tsohuwa wanka ta ba ta abinci, ta manta ba ta danna fita ba, sai ofis ya bi ta da waya da takardar gyara, wani lokaci albashinta ya makara.

Wanda kuwa ya ƙara a kan abin da aka yi da gangan, dokar da ke jiransa tsohuwa ce, kuma 'yan kasuwa irinmu aka yi wa ita. A 1863, lokacin yaƙin basasar Amurka, 'yan kwangila na sayar wa soja dawakai da alfadarai marasa lafiya da abinci ruɓaɓɓe, shi ne shugaba Abraham Lincoln ya sa hannu a dokar hana neman biyan ƙarya. Aka ƙara mata ƙarfi a 1986. Yau wanda aka kama yana biyan ninki uku na abin da ya ci, ga tara a kan kowane saƙo ɗaya, ma'aikacin da ya tona asirin kuma ana yanka masa rabo daga abin da aka ƙwato. Ko da kuskure aka biya ka fiye da haƙƙinka, in ka gano, kwana 60 gare ka ka mayar.