Idan Alƙali Ya Ƙi Sallamar Wanda Ake Tuhuma

A ce an kai wani manomi gaban majistare, ana zarginsa da satar sa. Mai gabatar da ƙara ya kawo shaidu uku. Mai san ya ce ya wayi gari bai ga sansa a turke ba. Na biyu ya ce ya ji ana faɗa a kasuwa wai manomin ne ya sata. Na uku ɗan sanda ne, ya ce shi ya kama shi. Babu wanda ya gan shi da san, ba a kuma same shi a gidansa ba.

A nan doka ta ba manomin dama. Kafin ya fara kare kansa, shi ko lauyansa yana iya roƙon kotu ta sallame shi, tunda ba a kawo abin da zai amsa ba. Sashe na 36 na Tsarin Mulkin 1999 ya ce mutum ba shi da laifi sai an tabbatar. Kawo hujja aikin mai ƙara ne.

To, idan alƙali ya ƙi fa? Wasu iyalai nan take sai kuka, sun zaci an ɗaure ɗansu. Ba haka ba ne. Alƙali bai ce ya yi sata ba. Cewa ya yi kawai ya zo ya faɗi nasa.

Manomin yana iya ɗaukaka ƙara. Daga majistare sai Babbar Kotun Jiha, sai Kotun Ɗaukaka Ƙara, sai Kotun Ƙoli a Abuja. Amma kotun sama ba ta sake kiran shaidu. Abin da aka rubuta a kotun ƙasa shi take karantawa. Sai ta duba: akwai shaidar da ta haɗa mutumin da laifin? Ko kuwa shaidar ta rushe da aka yi wa shaidu tambayoyi, har ba alƙalin da zai dogara da ita? A wannan mataki ba a auna wa ya fi gaskiya. Idan da mutum ɗaya ya ce ya ga manomin yana jan san da dare, ko da maƙiyinsa ne, da wuya kotun sama ta sallame shi. Amma "na ji an ce" ba shaida ba ce.

Manya ma sun bi wannan hanya. A 2016 Babbar Kotun Tarayya ta ƙi sallamar Olisa Metuh, tsohon kakakin jam'iyyar PDP, kan naira miliyan 400. Ya kai har Kotun Ƙoli, a 2018 ta ce ya koma ya kare kansa. Shi kuwa Bukola Saraki, a 2017 Kotun Ɗaukaka Ƙara ta ce ya amsa tuhuma 3 cikin 18 kan bayyana kadara. A 2018 Kotun Ƙoli ta soke ukun, domin hujjar ji-ta-ji-ta ce.

Ga abin da ya kamata a sani kafin a sayar da gona don biyan lauya. Dokar shari'ar laifuka ta tarayya ta 2015, a sashe na 306, ta hana tsayar da shari'a saboda an ɗaukaka ƙara, kuma jihohi da yawa sun yi irinta. Wato ana can sama ana jira, nan ƙasa ana ci gaba. Sau da yawa ya fi sauƙi mutum ya kare kansa tukuna. Idan hukunci bai yi masa daɗi ba, ƙofar ɗaukaka ƙara tana nan a buɗe.

Wanda ba shi da halin ɗaukar lauya, ya nemi ofishin Hukumar Ba da Agajin Shari'a, wadda aka kafa a 1976. Tana ba talaka lauya kyauta.