Darasin Wata: Lambar Shaida ta Jikin Jirgin Ruwa

Makiyayi yakan yi wa dabbarsa shaida don kada ta ɓace cikin garken wani. Haka su ma masu ƙera jiragen ruwa a masana'anta suke yi. Kowane jirgi sukan buga masa lamba tasa shi kaɗai. Da Turanci ana taƙaita sunanta da haruffa uku, HIN.

A Amurka, tun ranar 1 ga Nuwamba, 1972, doka ta tilasta a sa wannan lamba a jikin ƙananan jiragen ruwa da aka ƙera ko aka shigo da su ƙasar. Kwale-kwalen katako da masassaƙa suke yi a gida ba shi da ita. Amma wanda zai sayi jirgin masana'anta da ya fito daga waje, musamman na hannu, ya kamata ya san ta.

Ina ake samun ta?

Mutum ya tsaya a bayan jirgi, yana fuskantar gabansa. Ya dubi allon baya, inda ake maƙala inji. Lambar tana can sama, ta hannun dama, ba ta wuce inci biyu daga bakin allon ba. Ba da fenti ake rubuta ta ba. Ana sassaƙa ta ne a jikin jirgin, ko a buga ta a kan ɗan ƙarfe a manne shi sosai, yadda in an cire zai bar tabo.

Tun daga 1984, ana sake rubuta lambar a wani ɓoyayyen wuri cikin jirgin. Ko ɓarawo ya kankare ta waje, ta ciki tana nan.

Yaya ake karanta ta?

Lambar tana da gurbi 12, haruffa da alƙaluma a haɗe. Ga misali na koyo:

ABC 12345 K8 99

A jikin jirgi ana rubuta ta a jere, babu tazara. An raba ta a nan ne don sauƙin fahimta.

1. ABC: gurabe uku na farko suna nuna kamfanin da ya ƙera jirgin. Rundunar tsaron gaɓar teku ta Amurka ce take ba kowane kamfani nasa.

2. 12345: gurabe biyar na biye, lambar da kamfani ya ba wannan jirgi ce. A nan ba a sa haruffan I da O da Q, domin suna kama da 1 da 0.

3. K8: harafin yana nuna watan da aka ƙera jirgin. A shi ne Janairu, B Fabrairu, haka har zuwa L, wato Disamba. Saboda haka K Nuwamba ne. Alƙalamin 8 kuwa shi ne ƙarshen shekarar.

4. 99: shekarar samfurin jirgin, wato 1999.

Ke nan an ƙera wannan jirgi a watan Nuwamba na 1998, kuma samfurin 1999 ne. Wannan tsari ya fara aiki ne a watan Agusta na 1984. Jiragen da suka girme shi, gurabensu huɗu na ƙarshe suna da wani tsari dabam. Na ƙasashen Turai kuma suna da gurbi 14, domin ana fara su da haruffa biyu na ƙasa, kamar FR na Faransa ko IT na Italiya.

Mene ne amfaninta?

Fenti yana iya mayar da tsohon jirgi kamar sabo, amma lambar tana faɗin shekarunsa na gaskiya. Jirgin da ya tsufa ainun yana iya tsagewa a tsakiyar ruwa da mutane a ciki.

Kafin mai saye ya biya kuɗi, sai ya kwafi lambar a takarda, harafi bayan harafi. Ya gwada ta da wadda take cikin takardun jirgin. Idan sun saɓa, ko ya ga alamar kankara ko sabon liƙi a wurin, to, ya dakata. Mai yiwuwa kayan sata ne. Idan an gano, ga asarar kuɗi, ga shari'a.

Kada kuma a rikita ta da lambar rajista da ake rubutawa da fenti a gefen jirgi. Ta rajista tana iya canjawa, amma ta jiki tana tare da jirgin har ya lalace.

Tambayoyi

1. A wane gefe na allon baya ake samun lambar?
2. Wane wata harafin D yake nufi?
3. Jirgi mai lamba ABC 54321 C5 05, yaushe aka ƙera shi?