Ƙwarin Rafi Suna Ba Da Shaida

'Yan'uwa, ido kaɗai ba ya rarrabe ruwan kirki da gurɓatacce. To, ƙaƙa za mu sani? Bari mu ɗaga dutse ɗaya daga cikin rafi, mu juya shi, mu duba masu zama a ƙarƙashinsa.

Idan an ɗebi ruwa a kwalba aka auna, labarin sa'an nan kaɗai za a samu. Amma ƙwarin nan sukan yi watanni a wuri guda, ba su iya gudu kamar kifi. Dafin da ya wuce da dare ya bar alama a kansu.

Akwai wani ɗan ƙwaro mai wutsiya uku, Turawa suna ce da shi mefilai. Akwai kuma kadis, tsutsa mai gina wa kanta gida da yashi da 'yan tsinke, magini ne na gaske. Waɗannan suna bukatar iskar numfashi da ke narke cikin ruwa, watau oksijin. Sa'anda najasa ko ruwan jima ya shiga rafi, ruɓarsa takan cinye iskar nan, sai su mutu. Wa ya rage? Jajayen tsutsotsi na cikin laka, gama jan jininsu yana kama iska ko da kaɗan ce, da tsutsa mai dogon bututu da take miƙawa sama ta shaƙa. In mun tarar da su tuli, babu waɗancan, ruwan yana ciwo.

Kolkwitz da Marsson na Jamus suka jera halittun ruwa bisa ga ƙazanta a 1908 da 1909. A Ingila akan ba kowane iri maki daga 1 zuwa 10, a tara. Daga 1974 zuwa 2002 kuwa, da ana fesa magani a kogunan Afirka ta Yamma, har da Gana da Nijar, domin kashe tsutsar baƙin ƙuda mai kawo makanta, an riƙa ƙidaya sauran ƙwari da kifi don kada maganin ya hallaka kogin duka.

Amma mu lura ƙwarai. Shaidarsu a kan lafiyar rafi take, ba ta ce mana mu sha ba. Tsutsar baƙin ƙudan nan ma ruwa mai gudu mai iska take so, katantanwa mai ɗauke da tsargiya kuma takan zauna inda ruwa ya kwanta garau. Ruwan sha sai an tafasa.